Ranar Da Aka Kaɗa Murafu a Tremont

Safiyar Asabar ce. Ina suyar ƙosai, Nana tana zaune a ƙasa da rabin kitso a kanta, tana yi min tsiwa da Turanci, ina rama mata da Hausa. Shekararta bakwai, a nan unguwar Tremont ta Bronx, cikin New York, na haife ta. Ita tana da takardar zama a ƙasar, ni ba ni da ita. Ran da aka kama ni, jirgi zai sauke ni a Nijar, ita kuma a miƙa ta hannun wasu. Da wannan tunanin nake kwana, da shi nake tashi.

A hawa na ɗaya na benen da muke haya akwai Baba Kolum, Bature ɗaya tilo a gidan. Mutumin arewacin Ailan ne. Yana saurayi ya ɗauki bindiga don korar sojan Ingila daga garinsu, aka kama shi, ya sha shekaru a kurkuku. Ya ce ƙin sa kayan fursuna suka yi, bargo kawai suke yafawa. Yatsunsa biyu tun daga can suke a karkace. Da ya fito ya ajiye bindiga, ya koma taro da zanga-zanga, har tsufa ya cim masa a New York. Tsohon nan, Allah ya yi masa taurin kai! Da sabon mai gida ya kashe mana hitar ɗumama ɗaki a tsakiyar sanyi don mu tashi ya zuba masu kuɗi, shi ya tara mu. Ya ce muddin muna cikin ɗakunanmu, kotu ce kaɗai za ta fitar da mu.

Shi ne kuma ya koya mana kaɗa murfi. A unguwarsu ta can Ailan, in sojoji sun shigo, mata ne ke fitowa suna buga murafun bola a ƙasa, maza su tsere. Mu sai muka ce na tukunya. In masu kamen marasa takarda sun zo, masu takarda su kaɗa, mu kuma mu gudu. Ranar gwaji har rawa maƙwabciyata Hajiya Mariya 'yar Kumasi ta taka.

Takwas saura kwata aka banke ƙofar gida. Na ji takun takalma masu nauyi. Wani ya daka tsawa da Turanci: "Ku buɗe! Kowa ya fito da takardarsa!"

Murfi ɗaya ya fara daga ƙasa. Na biyu ya amsa. Kafin na kashe wuta gidan gaba ɗaya ya ɗauka, har gilashin taga yana rawa.

Na finciki Nana. Ban ɗauki jaka ba, ban ɗauki rigar sanyi ba. Muka fita ta taga, muka bi matakalar ƙarfen da ake gudun gobara ta kanta. Ƙanƙara ta daskare a jikin ƙarfen, tafin hannuna yana mannewa. A samanmu wasu suna saukowa, wata mata da jariri, wani da tawul kawai a ƙugu.

A hawa na ɗaya matakalar ta bi ta gaban tagar Baba Kolum. Ƙofarsa a buɗe take. Yana tsaye a bakinta da sandarsa, maza uku masu baƙaƙen riguna sun kewaye shi. Ya juyo ya gan ni. Ya ɗaga hannu yana kaɗawa, bakinsa a buɗe, jijiyar wuyansa ta miƙe. Ban ji ko kalma ɗaya ba, murafu sun cinye komai. Na ɗauka cewa yake in yi sauri.

Ɗaya daga cikinsu, mai jan gemu, ya ɗaga ƙarfen da suke ɓalle ƙofa da shi. Ya sauke wa Baba Kolum a ƙeya. Da ya faɗi ya ƙara masa. Na toshe idon Nana, muka diro.

Muka bi lungun bayan gida da silifas a cikin dusar ƙanƙara. Takalmin Nana ɗaya ya fita, na goya ta. A jirgin ƙasa mutane suna kallon hannuna yana jini. Tara da rabi muka isa Harlem, shagon da nake kitso. Uwar ɗakina ta kulle mu a ɗakin ajiya.

Bayan la'asar Hajiya Mariya ta kira ni, muryarta a dishe.

"Maman Nana, ba hukuma ba ce. 'Yan iska ne aka yi hayarsu."

Ta ce Baba Kolum ya nemi su nuna masa takardar alƙali, suka kasa. Wanda ya sha kamu irin nasa ba a yi masa wannan wasan. Ihun da yake yi, cewa yake mu koma ɗakunanmu. Su kuwa gudun namu suka zo nema, don wani ya riga ya kai musu labarin murafun. Duk ɗakin da suka tarar ba kowa, sun watso kayan titi, sun canza makulli. Wallahi har yau in na tuna, zuciyata tafasa take.

Baba Kolum bai farfaɗo ba. Ranar Laraba ya cika a asibiti. Mai gida ya ce bai san zancen ba. 'Yan sanda suka ce suna neman wanda ya gani da idonsa, ya zo ya ba da sunansa da adireshinsa.

Hajiya ta biyo ni har shago. Ta ce, "Ke kaɗai kika bi ta tagar nan a lokacin." Nana tana gefe tana aikin makaranta a kan kwalin gashi. Na dube ta. Hajiya ta bi idona da kallo, ta gyara mayafinta, ta tafi.

Aka ce tsoho ne, faɗuwa ya yi. Ba a kama kowa ba.

Iyali shida muka rasa ɗakuna. Mutum ɗaya ya mutu. Nana tana nan tare da ni, bana ta shiga sakandare.