Akwatin Kunkurun Tsibiri

Shekara arba'in yana aikin kafinta, ba wanda ya taɓa ganin tef ɗin awo a aljihunsa. Ya kalli bakin ƙofa, ya kanne ido ɗaya, ya ɗauki zarto, shi ke nan. Shi ya sa ake ce masa Mai-ido, kuma sunan ya hau masa kai ba kaɗan ba.

'Yarsa ta fari likitar dabbobi ce a wani tsibiri mai nisa. Kowa na kiranta Likita ban da shi. A wurinsa har yanzu yarinyar nan ce mai tsince masa ƙusoshi, kuma abin yana yi mata ciwo.

Wata rana ta aiko da saƙo. Akwati take so mai tsawon ƙafa biyar, za a ɗauko wani kunkuru da bayansa ya tsage a kai shi asibiti. Mai-ido ya yi dariya har da hawaye. Kunkurun da ya sani, hula ma ta rufe shi. Ya yanke cewa yarinya ta yi kuskure, ya haɗa akwati mai ƙafa biyu, ya shiga jirgin ruwa ya kai mata da kansa.

Ta dubi akwatin. Ta ce ya biyo ta wajen wasu duwatsu. Suna isa, ɗaya daga cikin duwatsun ya miƙo wuya mai kaurin cinyar mutum, ya ja numfashi, ya zuba masa ido. Ashe kunkurun ne. "Ikon Allah!" in ji Mai-ido.

"Baba, kakanninsa ƙanana ne, ruwa ya kawo su," in ji ta. "A nan ba kura, ba kare, ba mai cin su. In fari ya zo manyan ke jurewa, su ke haihuwa. Haka shekara dubbai." Ta kawar da kai. "Jirgi zai juya da yamma. In kunkurun bai tafi yau ba, tsagar za ta ruɓe."

Mai-ido ya ciro ƙofar ɗakin ajiyarta don ya sami katako, ya ɗauki zarto, ya kanne ido ɗaya. Sai ya buɗe shi, ya ajiye zarton.

"Kina da tef?"

Ta ciro ta miƙa masa. Ya durƙusa kusa da kunkurun.

"Riƙe min wancan gefen, Likita. Ki faɗa min nawa ne."