Inna Ba Ta Kallon Zayyanu

Yayana Zayyanu fim yake yi, amma ba irin na waƙa da rawa ba. Zama kawai yake da kyamara a gefe, ba ya tambaya, ba ya cewa a gyara tsayuwa, har mutane su manta da shi. Haka ya ɗauki masu dashen albasa a fadamar Danchadi, da 'yan keke napep na Bodinga suna rigimar layi. Dangi suka ce aikin banza ne. Ni ma na faɗa, ai sai ka ce mai gadi.

Mutum ɗaya ce ta gagare shi: Innarmu Kulu. Shi ne ɗan farinta, kuma a gidanmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta haɗa ido da shi. "Wancan" take ce masa. Da ya shigo sai ta juya baya ta kama tankaɗe.

Da ciwo ya kwantar da ita bara, Zayyanu ya watsar da komai ya tare a ƙofar ɗakinta. Fuskarta yake so, ko sau ɗaya, tana dubansa. Ya rame, ya daina aski. Abin da ya samu duk ƙeya ce da gefen mayafi. Wallahi har haushin Inna na ji.

Rannan ya karya dokarsa. Ya durƙusa a gabanta.

"Inna, don Allah ki dube ni."

Ta juya ga bango, ta ce mini, "Bahijja, ce ma wancan ya tashi, ƙasa da sanyi."

Ya sa kyamarar a jaka, ya hau babur ya yi Shagari nemo mata magani. Yana fita ta juyo. Ta ƙura wa ƙofar ido, ta daɗe, sannan a hankali ta ce, "Zayyanu." Kafin la'asar Inna ta rasu, shi kuwa bai kai ga dawowa ba.

Bayan an share makoki na gaya masa ta kira sunansa. Ya kama hannuna kamar zai karya shi.

"Ƙaƙa ta faɗe shi? Da ƙarfi? Ta ja shi?"

Har yau in ya zo gidana sai ya zaunar da ni in maimaita masa. Ina gwadawa, ya girgiza kai ya ce in sake, shi da bai taɓa ji ba.