Kukan Matar Japan a Rakubarmu

Lokacin kaka ne, shekarar da riɗi ya yi kyau har maigidana ya tare a garin Simsim wajen yankansa. Gida ya yi mini faɗi. Wata biyar ke nan da na shiga ajin yaƙi da jahilci, ina haɗa baƙaƙen Larabci kamar mai tsintar tsakuwa a dawa.

Babban ɗana ya aro na'urar wasa, ya jona ta da talabijin a rakuba, rumfar da muke shan iska. Ya ce wasu samari masu son wasan ne suka sa masa rubutun Larabci, suka bar muryoyin Japan yadda suke. Ina toya kisra, siririyar gurasarmu ta dawa, ina jin wata mata a ciki tana magana da rawar murya, kamar wadda aka yi wa rasuwa. Shi da ƙanwarsa kuwa sai su danna su wuce, faɗa kawai suke so.

Kwana uku ina tausayin baiwar Allahn nan. Sai na ji an ce jibi za a mayar da na'urar. Ashe za ta tafi ban san me ya same ta ba!

"Ya walad," na ce da ɗan nawa, "koma baya wajen matar."

"Inna, ai surutu ne kawai."

"Surutun nake so. Kada ka danna."

Ikon Allah, rubutun ya tsaya yana jirana! Na fim guduwa yake yi kafin in gama kalmar farko. Na matsa kusa, na ɗora yatsa a gilashi. 'Yata ta buɗe baki za ta karanta mini.

"Kul! Ni zan yi."

"To sai la'asar ke nan," in ji ta.

Na bi baƙaƙen ɗaya bayan ɗaya, ga abin da suka ce da Hausa: "Wa... ya... cinye... shinkafata?"

Na sake karantawa, ko na yi kuskure. Ban yi ba.

"Shinkafa? Kwana uku ina yi mata addu'a saboda shinkafa?"

Dariya ta ƙwace mini har na zauna a ƙasa, mayafina ya zame. Yaran suna birgima, maƙwabciyata ta leƙo ta kan danga tana tambayar lafiya. Kisra biyu suka ƙone, ban damu ba. Layi goma sha wani abu na karanta ranar, babu malama a kaina, ina kwaikwayon kukan matar da Hausa.

Washegari da suka tafi makaranta na dafa jabana, gahawarmu, na rufe ƙofa, na ɗauki abin dannawar da hannu biyu. Ba zan tashi ba sai na gano wanda ya ci shinkafar nan.