Gawar da Na Yi da Ƙaiƙayi

Sana'ata haɗa ƙarya ce, amma irin wadda ake biyan mutum ya yi. A fim, ni ke dama jini da zoɓo da zuma, ni ke yi wa lafiyayye rauni, in an gama ɗauka ya wanke ya nemi tuwo. Mahaifina shirme yake kiran abin. Da ƙyar ya bar ni, bisa sharaɗin duk ranar da na jawo masa magana a gari zan ajiye in dawo gona.

Wata damina muka je ƙauyenmu, gabas da Ɗambatta, ɗaukar fitowar jana'iza. Na cusa ƙaiƙayi a buhu, na yi masa kafaɗu da kara, na ƙera ƙafa da kakin zuma domin darakta yana son a nuna ta kafin a rufe. Muka naɗe da farin yadi, muka ɗora a makara, 'yan wasa suka ɗauka.

Abin da na manta, ni ɗan garin, shi ne a wajenmu ba a ganin makara a ci gaba da noma. Gonakinmu kuwa a manne suke da juna. Wannan ya yar da fartanya, wancan ya kira maƙwabci, kafin mu kai gindin tsamiya jama'a ta cika hanya. Ba wanda ya tambayi wa ya rasu, sai karɓar makarar suke hannu da hannu. Darakta har murna yake, wai ya samu taro kyauta. Ni kam sai na hango liman yana gyara sahu, mahaifina a bayansa.

In aka sallaci ƙaiƙayi, tawa ta ƙare. Na ratsa sahu na durƙusa, na ce, "Allah gafarta Malam, ba mutum ba ne. Ni na haɗa shi, fim muke yi."

Mahaifina ya fito, ya ɗaga gefen yadin, ƙafar ta bayyana. Ya daɗe yana kallonta. Kaushin diddige, da farcen babban yatsa da fartanya ta taɓa tsagawa, duk suna nan. Tasa na kwaikwayo, domin ita na fi sani tun ina bin sa kunya-kunya ina zuba iri.

"Wannan ai ƙafata ce," in ji shi.

Wani tsoho ya leƙa, ya dubi ta mahaifina a ƙasa, ya ce wallahi har ta fi ta gasken tsabta. Dariya ta ɓarke, liman ma sai da ya rufe baki da gefen rawani.

Mahaifina ya mayar da yadin a hankali, ya juya ga mutane. "Ku koma gona," ya ce, "ku ba yaro wuri. Aiki yake yi."