Yadin Sallah da ya sha ruwa

Ranar Laraba ce, cikin goman ƙarshe na azumin shekarar da nake aji shida, Baba ya dawo gidanmu na Ayigya Zango da saƙon tela. Yadi ashirin ake bukata don ankon Sallarmu, mu yara, amma yadin da Baba zai iya saya mai arha ne, in ya sha ruwa kashi ashirin cikin ɗari ke tafiya. Nawa za a sayo? Yayana Isiyaka, ɗan sakandare, ko zama bai yi ba ya ce kashi ashirin na ashirin huɗu ne, a sayo ashirin da huɗu.

A makon nan malaminmu ya gama yi mana tsawa a kan irin wannan lissafi: "Abin da ya rage ba shi ne asali ba!" Ina wanke-wanke a bakin famfo ina juya abin a kaina. In ashirin ne kashi tamanin, to asalin ashirin da biyar ne. Ga shi a gidanmu daga babba tela ke fara yanka, auta ke ɗaukar saura, kuma ni ce autar. Na daure na faɗa. Baba ya yi dariya ya ce, "Hawa, yayanki na sakandare oo, bar shi." Ya hau trotro, motar haya, zuwa kasuwa, ya sayo ashirin da huɗu.

Mma, mahaifiyarmu, ta jiƙa yadin a babban baho, muka shanya shi daga bishiyar mangwaro har ƙofar kicin. Yini guda ina kewaya igiyar nan kamar kaza mai neman wurin ƙwai, ina taɓawa, ina roƙon Allah ya sa ni ce na yi kuskure. Ban taɓa son faɗuwa lissafi ba sai ranar. Da tela ya auna, sha tara ne da ɗan guntu.

Na je Idi da riga mai hannuwa na tsohon zanen Mma, ina ɓoye su cikin mayafi. A hanyar dawowa Baba ya riƙe hannun rigar, ya daɗe yana kallo, ya ce, "Baɗi ke za ki yi mana lissafi."

Yanzu ɗinkakku nake saya wa 'ya'yana, ba jiƙawa, ba jira, kowa da tasa daidai. Baba kuwa ya daɗe da rasuwa. Da zan sake jin ya faɗi maganar nan, da na yarda in sake sa rigar.