Yatsu Huɗu na Sista Nachalwe

Duk matar da ta haihu a ƙaramin asibitin nan na kan tudu, arewa da Isoka, ta san Sista Nachalwe, kuma duk kakar da ta rako mai naƙuda da ƙorafinta take komawa gida. Ba wai ba ta iya aiki ba. Haba! Shekara ashirin da bakwai tana karɓar haihuwa, rabin 'yan acaɓan kasuwa a hannunta suka faɗo. Laifinta ɗaya ne tak. In ta zo yanke cibiya sai ta jera yatsunta huɗu daga cikin jariri, ta ɗaure a bayansu, sannan ta yanke.

Mutanenmu kuwa an san abin da suka riƙe tun kaka da kakanni: in cibiyar ɗa namiji ta yi tsawo har ta taɓa gabansa, to an yi asarar namiji, ba zai taɓa haihuwa ba. Shi ya sa tsofaffi suka laƙaba mata Mai Wutsiya, wai tana sa wa jikokinsu wutsiya. Ta ji sarai, ko gezau.

Ruwa dai ba ya tsami banza. A shekararta ta biyu da fara aiki wata tsohuwa ta matsa mata, ita kuwa ga ƙuruciya ga kunyar manya, ta yanke cibiya dab da fata. Minti kaɗan yaro ya saki. Aka kira likita, ya zo da adirenalin, maganin da ke tada zuciyar da ke shirin tsayawa, amma babu ta inda zai zura shi. Jijiyar hannun sabon jariri kamar gashi take, ta cibiya ce kaɗai ƙofa, ita kuma ta riga ta yanke ƙofar. Yaron bai kai azahar ba. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma gudu yake, tun ranar ba ta ƙara sauraren kowa ba.

Kullum da safe, kafin ta sha shayi, sai ta duba tirenta: kwalbar maganin, ruwan gishiri, babban sirinji da ƙarami, siririn tiyo, reza. Maganin da ƙarfin manya ake kawo shi, in aka ba jariri haka an gama da shi. Don haka take da waƙarta da ta ishi kowa a ɗakin haihuwa: "Ɗaya na magani, tara na ruwa, sannan a tambayi kilo." Sai a yi shekara ba a fasa kwalbar ba, amma waƙa ba ta fashi.

Sai ga shi 'yarta Mwiza ta auri Kapembwa, ɗa ɗaya tilo a wajen Bana Kapembwa (mu nan "Bana" uwar wane ke nan), mai sayar da busasshen kifi, wadda bakinta ya fi rezar Sista kaifi. Da ciki ya tsufa, surukan biyu suka haɗu a rumfar da masu jinya ke girki, Bana Kapembwa tana tuƙa nshima, tuwonmu na masara.

"Bana Mwiza, ɗa ɗaya Allah ya ba ni," ta ce, ba ta ko ɗago kai ba. "In namiji ne, ki ajiye mini wutsiyarki a aljihu."

"Ke dai tuƙa tuwonki, ga gudaji nan suna kallon ki."

"Ni za ki koya wa tuwo? Ki kashe mini gida, wallahi ba ni ba ke har abada!"

Sista ta yi dariya, amma maganar ta zauna mata a ƙirji. Mwiza a gidan matar nan za ta zauna, ita za a yi wa gori safe da yamma.

Ranar Alhamis da hantsi Mwiza ta haihu. Namiji. Sista ta jera yatsunta huɗu, ta ji muryar surukarta daga baranda, ta ɗan dakata, sannan ta ɗaure inda ta saba. Sai dai yaron bai yi kuka ba. Ta goge shi, ta murza bayansa, shiru, jikinsa laƙwas kamar jiƙaƙƙen zani.

"Sikazwe!"

Mista Sikazwe, wanda kowa ke kira likita ko da yake bai kai ba, ya shigo da gudu. Ya kifa robar hura iska a fuskar yaron yana matsawa, ƙirji yana tashi. Sista ta saurari zuciya. Tana bugawa, amma jifa-jifa, ba ta kai sittin a minti ba. Ta sa manyan yatsunta biyu a ƙirjin jikanta, ta danna uku, shi ya hura ɗaya, suka cika minti cur. Ta sake saurare. Jiya i yau.

"Mama, me ya faru?" in ji Mwiza daga kan gado.

"Kwanta, ina aiki."

Ta miƙa wa wata ma'aikaciya dannawar, ta juya ga tire. Ta fasa kwalba, ɗaya na magani, tara na ruwa.

"Kilo nawa za ki ba shi?" in ji Sikazwe.

"Uku. Layi biyu kowane kilo, layi shida a ƙaramin sirinji. Duba mini."

Ya leƙo. "Shida ne."

Ta ɗaura zare a gindin cibiyar, ta ɗauki reza ta datse ta, ta bar kamar yatsa ɗaya. Ga bakin jijiyar nan a buɗe, fes. Ta zura tiyo a hankali har jini ya dawo, ta tura maganin, ta bi shi da ruwan gishiri. Tsoro ya kama ta, irin wanda ba ta taɓa ji ba, amma hannunta bai nuna ba. Aka ci gaba da dannawa, tana kallon agogon bango, don in minti uku suka wuce ba labari sai an ƙara. Kafin su cika ta ɗora abin saurare. Zuciya ta kama gudu. Can yaron ya ja numfashi da kansa, ya yi wani ɗan kuka kamar na kyanwa.

Sai da yamma aka bar Bana Kapembwa ta shiga, bayan an cire tiyo. Ba wanda ya gaya mata komai. Ko fuskar yaron ba ta duba ba, ta yaye zani ta leƙa ciki, sai ta rangaɗa guɗa.

"Ayyiriri! Yau Mai Wutsiya ta ji magana! Ashe kin iya, mugunta ce kawai. Gobe duk kasuwa sai ta ji!"

Da Sista ta yi shiru, da an zauna lafiya, Mwiza ta huta da gori. Amma gobe wata kaka za ta zo ta ce a yi mata irin na Bana Kapembwa, ta tarar da sabuwar ma'aikaciya mai kunyar manya.

"Zauna, Bana Kapembwa," ta ce. "Doguwa na bar masa, kamar ta kowa. Jikanki ya zo ba rai, sai ɗan abin da ba a rasa ba. Ta cibiyar nan na zura abin da ya dawo da shi, shi ya sa na datse ta. Sau biyar na yi haka a asibitin nan. Uku suna maƙabartar bayan coci. In kin je kasuwar, ki faɗa musu su roƙi Allah kada ya nuna musu gajeriyar cibiya daga hannuna."

Bana Kapembwa ta zauna a bakin gado, ta mayar da zanin ta rufe cikin yaron. Sannan ta dubi fuskarsa, ta kai bayan yatsanta kusa da hancinsa, ta daɗe tana jin iskar na fita.