Kundin Baffa Modu

Ranar wata Asabar ce a daminar 1979, sojoji na haramar miƙa mulki, gari ya cika da tutoci da lasifika. An ɗauke ruwa ke nan bayan azahar, indararon soron kakarmu yana ta ɗiga, ni kuma ina tsugune a bakin rijiya ina kankare tukunyar tuwon da ta kama, ina mita a raina cewa duk gidan nan ni kaɗai aka raina. Sai na ji an doki ƙyauren zaure, duka irin wanda ba ya jiran amsar sallama. Kafin in miƙe ƙarti sun cika tsakar gida, gidan da ko mai yaɓe ba ya shiga sai an ce mata su kimtsa. Da masu gora, da mai barandami, da wani da ya naɗe sarƙar keke a hannu. Tumakinmu suka tsinke igiya suna ta karo da bango. Babu wanda ya dube mu. Ɗakin Baffa Modu suka nufa, suka jawo shi waje ta ƙafa ɗaya, ƙeyarsa na bugun dokin ƙofa, suna ta ihu: "Kundin! Fito da kundin!"

Shekarata goma a lokacin. Gidanmu yana Kabara, kakanninmu daga Barno suka zo tun zamanin da babu mai iya tunawa, abin da ya rage mana na can sai sunaye da Barbarcin da kakarmu Iya Fanna ke zagin awaki da shi. Mahaifina yana kudu wajen sayen goro, kakanmu ya daɗe da rasuwa, saboda haka babban namiji ɗaya ne a gidan, wato ƙanen mahaifina, Baffa Modu. Malamin Turanci ne a wata sakandare, siriri, mai tabarau mai kauri, ga baki ba birki. Idan abin dariya ya zo masa sai ya faɗa, ko a gaban wa.

Yana da wani littafi da ya tsinto wurin masu sayar da tsofaffin littattafai, mai nauyin tubali, bangonsa ya sha ɗinki. Ba labari ba ne a ciki, bayani ne a kan labarai. Turawa sun zauna sun tattara duk ƙagaggun labaransu na tafiya cikin taurari, da mutanen ƙarfe masu tunani, da ƙasashen da ba a taɓa yi ba, da dodanninsu da bokayensu, suka jera su harafi bayan harafi. A ƙarƙashin kowanne an faɗi wanda ya ƙaga shi, da wanda ya kwaikwayi wani, da wanda ƙaryarsa ta tsaya da ƙafafunta, da wanda tasa ta rushe tun a tsakiya. Akwai hotuna: wata halitta mai ido ɗaya a goshi, wata mai hannuwa kamar saiwar rogo, da taswirar taurari cike da lambobi a cikin ƙananan gidaje. Baffa ya rasa sunan da zai ba shi da Hausa, sai ya riƙa ce masa "kundina". A gidanmu kundi shi ne ƙunshin takardun marigayi kakanmu, na addu'o'i da hatimai, naɗe cikin fata. A bakin mutanen titi kuwa kalmar ta fi haka nisa. Kundi shi ne inda malami ke ajiye abin da ake ɗaure bakin mutum da shi, ko a kwantar da shi.

Mu yara ba ruwanmu da wannan. Da an yi la'asar, na dawo daga kai niƙa, na zuba wa tumaki dusa, sai mu taru a ƙarƙashin rumfa da ƙwaryar gyaɗa muna ɓara, Baffa ya buɗe kundinsa a cinya. Ba karanta mana kawai yake yi ba, alƙalanci yake koya mana. Sai ya ce wani ya kawo tatsuniya, in an gama mu yanke mata hukunci. "Ƙarya ma tana da doka," in ji shi. "In ka ce dodonka yana tsoron gishiri a farko, kada in same shi yana shan miya a ƙarshe." Wannan doka ta shiga kaina har ta zame mini fitina. Na taɓa yaga wa wata Ladidi ɗankwali a filin makaranta, muka yi ta birgima cikin taɓo, don kawai aljanin labarinta ya mutu da safe kuma ya dawo da yamma ba tare da ta faɗi dalili ba. An zane mu duka biyu, ni dai har gobe ina ganin ni ce da gaskiya. Baffa yana kuma rubuta nasa sharhin da Hausa, yana son ya nuna cewa almararmu ba ta gaza tasu ba, namu dai ba a zauna an jera su ba ne. Iya Fanna kan leƙo daga madafa ta ce, "An kai ka makaranta ka koyo ilimi, ka dawo mana da digirin ƙarya."

Abin da ya jawo masifar wasa ne. Siyasa ta raba unguwarmu biyu, har ta kai maƙwabci ba ya cin tuwon sunan maƙwabci. Wani attajirin fata, Alhaji Tanko, ya tsaya takarar majalisa, ya zo lungunmu da makaɗa da 'yan banga yana zuba alkawari: famfo a kowane gida, kwalta har gindin Dala, asibiti a kowace unguwa. Baffa na zaune a dakalin ƙofar gida da littafinsa. Da Alhaji ya tsaya shan iska, sai ya ɗaga murya ya ce, "Alhaji, irin wannan labari akwai babinsa a nan. Bari in sa sunanka a kundina." Aka fashe da dariya, har da wasu daga cikin mutanen Alhajin. Ba a daɗe ba, Alhaji Tanko yana tsakiyar jawabi a wajen Ƙofar Na'isa ya yanke jiki ya faɗi. Aka ɗauke shi baki a karkace, ɓari ɗaya ya shanye. Likita ya ce hawan jini ne, amma babu wanda ya saurari likita. Kowa ya tuna maganar dakali. Wanzamin da ke yi wa Baffa aski ya rantse cewa da idonsa ya ga aljanu a littafin, ya ga hatimai, da rubutun da ba na Musulmi ba.

To, mutanen Alhaji Tanko ne suka shigo mana ran Asabar ɗin. Jagoransu Iro mahauci ne, mutumin da nake sayo nama a wurinsa yana yi mini gyara yana tsokanata. Ranar ban gane fuskarsa ba. Wani ya fito da littafin ya jefar a taɓo, ya buɗe daidai kan mai ido ɗaya, sai suka ja da baya suna a'uziyya, sannan suka koma kan Baffa da sabon ƙarfi. Gora ta farko a kafaɗa ta same shi. Ya ɗaga hannu zai kare kansa, ta biyu ta sauka a damtsen, na ji ƙarar ƙashi kamar an karya kara. Yana durƙushe, jini na zuba daga hancinsa, amma bai daina bayani ba, don shi malami ne, a tunaninsa duk wanda aka yi wa bayani zai gane. "Wallahi ƙarya ce duka! Babu ko ɗaya a duniya, ƙagawa aka yi, littafin ma haka ya ce!" Iro ya shaƙe shi da wuyan riga ya ce, "Kai, mu za ka mayar yara? Wane mahaukaci ne zai ɓata takarda mai yawan nan, ya jera ƙarya bi da bi, har da lamba?" Ya kwaɗa masa ƙotar barandami a fuska. Tabarau ya tarwatse, gilashin ya shige idon hagu. Ihun da Baffa ya yi ban taɓa jin babban mutum ya yi irinsa ba.

Ban san lokacin da na tashi ba. Na dai tsinci kaina maƙale da hannun mai sarƙar keke, haƙorana sun nutse a naman, ina jin gishirin gumi da jini a bakina. Ya yarfar da ni na bugu da turmi, haƙorin gabana ya guntule, har yau ban gyara shi ba. Ina kwance ina ganin ruwan kwata ya koma ja yana bi ta ƙarƙashin bango. Mahaifiyata da sauran mata suna ta kururuwa, maƙwabta sun hau katanga suna kallo, babu wanda ya sauko. Na ji wani ya ce a kawo kananzir, a haɗa shi da kundin. Na san kashe shi za su yi, kuma na san duk kalmar gaskiya da ya ƙara faɗi tana ƙara matso da shi kabari.

Sai Iya Fanna ta fito. Tsohuwa ce ƙanƙanuwa mai ciwon gwiwa, amma ranar ba ta ɗingisa ba. Ta ratsa tsakiyarsu, ta naɗe hannunta da gefen mayafi kamar mai sauke tukunya daga wuta, ta ɗauki littafin ta ɗaga sama. Ta fara magana da Barbarci, a hankali, tana bin fuskokinsu da ido. Tsakar gida ta yi tsit. Sannan ta juya Hausa. "E, kundi ne. Ya ɓoye muku ne don tausayinku. Ni ba ni da tausayi." Duk wanda ya tashi a birni ya san ba a yi wa mutum aiki sai da sunan mahaifiyarsa, Iya kuwa ungozoma ce, rabin ƙartin nan ita ta yanke musu cibiya. Ta nuna Iro da haɓa. "Iro ɗan Hansai." Ta juya. "Sule ɗan Ta-Annabi. Kai mai sarƙa, ɗan Mairo mai koko, kana tsammanin ban gane ka ba? Wanda ya ƙara ɗaga hannu, Tanko sai ya fi shi lafiya." Ta lashi yatsa ta fara buɗe shafi. Gora ta faɗi ƙasa, wata ta bi ta. Suka rinƙa turereniya a bakin zaure, wani har ya bar takalminsa. Daga baya na tambaye ta me ta faɗa da Barbarci, ta ce cewa ta yi sun shigo mata gida da ƙazaman ƙafafu.

Maɗori ya ɗora hannun, idon kuwa asibiti ba su iya ceto shi ba. Ranar da aka dawo da Baffa gida, ina ba shi kunu a cokali, Iya ta shigo duba shi. Ya juya mata fuskarsa mai bandeji ya ce, "Iya, kin kashe ni da raina." Ta gyara masa matashi ta ce, "Da ranka dai."

Dukansu biyu sun faɗi daidai. Babu wanda ya sake taɓa shi, kuma babu wanda ya sake zama kusa da shi. In ya doso dakali sai hira ta watse. Iyaye suka riƙa cire 'ya'yansu daga ajinsa har ya haƙura da koyarwa, ya koma tsare wa mahaifina rumfar goro. Da Alhaji Tanko ya rasu, magana ta zauna daram. Abin da ya fi ci masa rai shi ne masu zuwa a ɓoye, manyan mutane da manyan riguna, suna roƙon ya taimaka musu a kan abokin takara ko abokin kasuwa. Ya yi rantsuwa, ya yi zagi, ya yi kuka, su kuwa sai su ce malam yana ja musu aji ne. Sharhinsa ya tsaya inda ya tsaya. Zamanmu na ƙarƙashin rumfa bayan la'asar ya mutu, bakin nan mai ban dariya ya rufe, ni kuma na yi ta jin haushin unguwa gaba ɗaya, haushin da ban ce ya gama sauka ba.

Yanzu jikokina suna kallon irin waɗannan halittu a waya suna cin gyaɗa, ko gezau. A jami'a ana koyar da darasi a kansu, ana ba mutum digiri don ya yi abin da Baffa ke yi mana kyauta bayan la'asar. Nakan yi kewar muryarsa, nakan ce da ma an jinkirta haihuwarsa. Da ya rasu, muna zaman makoki, aka ce wani tsoho yana sallama da ni a zaure. Iro ne, ya rankwafa, yana dogara sanda. Ya yi ta'aziyya, sannan ya rage murya ya ce jikansa zai tsaya takarar kansila, ko kundin yana hannun wa yanzu? Na shiga na ɗauko shi, na kira jikata ta zauna ta fassara masa shafi bayan shafi, da sunan wanda ya ƙaga kowane dodo da abin da masu sharhi suka ce a kansa. Ya saurara har ƙarshe yana gyaɗa kai. Da ta gama ya yi murmushi ya ce, "Na gane, Hajiya. Ai irin wannan ba a buɗe wa kowa."

Na rufe littafin. Baffa ya ƙare rayuwarsa yana neman mutum ɗaya a cikinsu da zai yarda cewa labari ne kawai, har aka kai shi makwancinsa bai samu ba.